Ludo ta ƙi buɗewa a Facebook, kowa sai yace netwok ne

Akwai wani Alhaji da yake leƙowa shagonmu na gyaran waya da kwamfuta nan Agege kusan kullum bayan la'asar, dillalin albasa ne a Mile 12, dattijo mai kamala wanda in ka ganshi da carbi a hannu ba zaka taɓa kawowa a ranka yana buga Ludo da ƴan Indiya har ƙarfe ɗayan dare ba. Ranar nan ya shigo ya dire waya akan tebur yace "ɗana, kayi mata filashin kawai, yau kwana uku Ludon nan ta ƙi buɗewa, sai abin nan yayi ta juyawa kamar fanka." Nace Baba Facebook ɗin kansa yana buɗewa? Yace ƙwarai, har bidiyon wa'azi nake kallo. WhatsApp fa? Lafiya lau. Nace toh Baba wayarka ƙalau take, da na biye maka nayi filashin, wato na goge komai na sake ɗora mata manhajarta, da ka rasa hotunan jikokinka da lambobin masu loda maka kaya daga Aliero, kuma wallahi Ludon ba zata buɗe ba ko bayan hakan.

Da na duba, datarsa ta gaba ɗaya ta ƙare tun shekaranjiya, abinda ya rage masa shine irin ƴar ƙaramar datar nan da ake siya don soshiyal midiya kaɗai, wacce kamfanonin waya suke ɗaurewa akan Facebook da WhatsApp da Instagram. Shi a ganinsa tunda a cikin Facebook yake buga wasan ai Facebook ne, kuma yawancin mutane haka suke gani, daga nan ne ma duk rikicin yake farawa. Facebook kamar mai kasuwa ne da ya bada hayar rumfa, ƙofar shiga tasa ce, shi yake duba fuskarka ya tabbatar kai ne, amma kayan da ke cikin rumfar na wani ne daban. 8 Ball Pool na Miniclip ne, Candy Crush na King ne, FarmVille na Zynga ne, Ludo King na wani kamfanin Indiya ne mai suna Gametion. Lokacin da ka danna wasa, Facebook yana buɗe wata taga a cikin shafinsa, sannan wasan ya fara magana da sabobin kamfanin da ya ƙera shi, wato manyan kwamfutocinsu da ke riƙe da wasan, a can ake ajiye makinka da tsabar kuɗin wasanka, a can ake haɗa ka da abokin karawa. Datar soshiyal ta san adireshin Facebook, bata san adireshin waɗancan ba, shiyasa ƙofa take buɗewa amma rumfar ta zauna fanko. Haka abin yake ga masu amfani da Facebook na kyauta wanda ba ya nuna hoto, wannan kam ko magana babu, abinda bai iya ɗauko hoto ba ina zai ɗauko wasa.

Ni abinda shekarun nan na zaman shago suka koya min shine in tambayi mutum a INA wasan yake tsayawa kafin in taɓa komai, domin wurin da ya tsaya shi yake faɗa maka mai laifi. Farin allo tun farko ba tare da tambarin wasan ya fito ba, wannan daban. Tambari ya fito, lamba ta fara hawa ta maƙale a kashi 70 ko 99, wannan ma daban. Baƙin allo amma kana jin kiɗan wasan, daban. Komai ya buɗe sai ya tsaya yana neman haɗawa da saba, ko yayi ta maida kai shafin shiga kamar mai zagayen rijiya, suma kowanne da ciwonsa. Amma mutanenmu duk suna ɗaya suke basu, "netwok ne", sai a kashe data a kunna, a saka waya a yanayin jirgi a cire, a ɗaga ta sama wajen taga, in bata yi ba a hau danfo zuwa kasuwar wayoyi ta Computer Village a biya kuɗin filashin.

Bari in fara kawar da wanda ba shi da magani, don har yanzu ana kawo min shi. Duk wasan Facebook da aka gina shi akan Flash, tsohuwar manhajar kamfanin Adobe da ake kunna wasa da bidiyo da ita a intanet (ba filashin waya ba), ya mutu, kuma ba mai tada shi. Adobe sun sanar tun watan Yulin 2017 cewa zasu daina, suka rufe tallafinsa ranar 31 ga Disamba 2020, daga 12 ga Janairu 2021 kuma Flash ɗin da kansa ya daina kunna komai, burauza, wato manhajar buɗe shafukan intanet, irinsu Chrome 88 da Firefox 85 suka fito a wannan watan babu shi kwata kwata. FarmVille na asali, wanda ya fito a 2009 ya haukata duniya lokacin muna biyan kuɗin awa a kafe don mu shayar da gonar da bamu taɓa cin ko tumatir ɗaya daga cikinta ba, a wannan rana ta 31 ga Disamba aka rufe shi. Shi ma Facebook Gameroom na kwamfuta an rufe shi a tsakiyar 2021. Wasannin yanzu akan HTML5 suke tafiya, shine tushen abinda Facebook ya kira Instant Games da ya fara a ƙarshen 2016, basa buƙatar ka sauke komai na daban. Don haka duk shafin da ya ce maka ka sauke Flash kafin wasa ya buɗe, ɓarawo ne, ba wani kwana kwana. Na sha wanke laftof ɗin da yaro ya danna irin wannan, sai kaga burauza ta cika da tallan caca da hotunan banza, wani lokacin ma akawun ɗin Facebook ɗin ya tafi ana roƙon kuɗi da sunansa a wajen ƴan uwansa na gida. Akwai masu kawo zancen Ruffle, wani abu mai kwaikwayon aikin Flash, eh gaskiya ne yana iya kunna wasu tsofaffin wasannin Flash masu zaman kansu, amma wasan da rayuwarsa take kan sabar kamfani, in an kashe sabar ko ka kunna fuskarsa gangar jiki ce ba rai.

Toh sai burauza. Anan Legas da yawa daga cikinmu Opera Mini muka taso da ita kuma bana ganin laifin kowa, ta ceci datar talaka shekara da shekaru. Amma yadda take ceton datar shine matsalar, in tana kan matsanancin tanadi ba wayarka bace take buɗe shafin, sabobin Opera ne suke buɗewa a can, su matse shi, su turo maka kusan hotonsa. Labarai da sakamakon ƙwallo wannan ya ishe su. Wasa kuwa abu ne mai rai da dole ya gudana a cikin wayarka daƙiƙa bayan daƙiƙa, ba a matse shi a aiko. Shiyasa farin allon farko in na ganshi tambayata ta farko wace burauza ce, in Opera Mini ce ko wata mai irin wannan tanadin sai ince a kashe tanadin ko a koma Chrome ko Firefox ko a shiga ta manhajar Facebook ɗin kanta, rabin masu wannan ciwon anan suke warkewa su tafi ko sisi ban karɓa ba, ogana har faɗa yake min akan haka.

Wanda yafi wahalar bayani shine na kukis, kuma shine yake sa mutum yayi ta zagaye, ka danna wasa ya ce ka shiga, ka shiga ya dawo da kai ya ce ka shiga. Kuki ɗan guntun rubutu ne da shafi yake ajiyewa a burauzarka don ya gane ka in ka dawo, kamar ƴar takardar da mai gadin fakin yake baka. Tunda wasan yana zaune a cikin tagar da ke cikin shafin Facebook amma adireshinsa daban, burauza tana kallon takardarsa a matsayin ta baƙo, ta ɓangare na uku kenan. Kuma irin wannan takardar ce dai masu talla suke bin sawun mutane da ita daga shafi zuwa shafi, shiyasa masu burauza suka juya mata baya. Safari na iPhone ya toshe su gaba ɗaya tun Maris 2020, Firefox yana killace kowanne a ɗakinsa tun 2022, Brave ma toshewa yake, Chrome ne dai ya daɗe yana cewa zai cire daga baya ya fasa. Manufar mai kyau ce amma a tsakiya wasan ne yake shan duka, mai gadi ya bashi takarda, wani mai gadin ya ƙwace a bakin ƙofa. Maganin ba wai ka buɗe ƙofa ga kowa ba, a Firefox akwai ƴar garkuwa kusa da adireshi, ka danna ka kashe kariyar don wannan shafin kaɗai, a Chrome ma zaka iya bada izini ga shafi ɗaya. Masu toshe talla suma haka, wasannin kyauta da talla suke ci, da yawansu sai sun ɗauko abin tallan kafin su ƙarasa lodi, in an toshe shi sai su tsaya suna jiran abinda ba zai zo ba. Opera ta kwamfuta da Brave da nasu mai toshewar suke zuwa a ciki, mutum bai ma san yana da shi ba.

Akwai gwajin da kowa yake bada shawara, wai ka buɗe tagar sirri, Incognito, ka gwada a can. Gwaji ne mai kyau domin a can ƙarin kayan da ka liƙa wa burauza basa aiki sai in kai ka basu izini, kuma babu tsohon tarkace. In wasan ya buɗe a can ka san laifin yana cikin tarkacen ko cikin abinda ka liƙa. Amma abinda ba a faɗa shine in ya ƙi buɗewa a can wannan bai wanke kowa ba, saboda Chrome a tagar sirri da kansa yake toshe kukis ɗin baƙi, kaga kenan kana iya gudun wani ciwo ka faɗa wani kana zaton ɗaya ne. Na taɓa ɓata kusan awa biyu akan wannan kafin kaina ya kawo wuta, ranar har sallar magariba sai da na makara.

Sai na maƙalewa a kashi casa'in da wani abu, wanda yafi kowanne cin rai don kana ganin bakin gaɓa. Yawanci wannan aikin ajiyar wucin gadi ne, abinda masu gyara muke kira kesh. Wasa ɗaya yana iya zama ɗaruruwan ƙananan fayiloli, hotuna, sauti, lambobin aiki, burauza tana ajiye kwafinsu don kar gobe ka sake biyan data akansu. Toh ka ɗauka kana cikin danfo daga Oshodi, sabis yana zuwa yana ɗaukewa, fayil ɗaya ya sauko rabi aka yanke, wani lokacin wannan rabin ne zai zauna a ajiya a matsayin cikakke, kullum ka buɗe wasan sai ya ɗauko gurgun fayil ɗin ya tuntsure a daidai wurin da ya tuntsure jiya. Ko kuma kamfanin sun sabunta wasan cikin dare, rabin kayanka sabo rabi tsoho, sun ƙi jituwa. Alamarsa ita ce kullum a lamba ɗaya yake tsayawa, in yau 62 gobe 88 jibi 40 wannan hanya ce ba ajiya ba. A kwamfuta Ctrl da Shift da R tare suna tilasta burauza ta ɗauko sabo, in bai yi ba Ctrl da Shift da Delete ya buɗe maka wurin sharewa.

Amma anan dan Allah a tsaya a ji ni, domin anan na fi ganin kuka. Share kesh daban, share kukis daban, kuma a wayar Android maɓallin share kesh da na share data suna maƙwabtaka da juna kamar ɗakunan haya. Na farko ba ya taɓa komai sai kwafin fayilolin da aka ajiye. Na biyu yana fitar da kai daga akawun ɗinka. Kuma mutum nawa ne a cikinmu ya san kalmar sirrinsa ta Facebook? Yawanci wani yaro ne ya buɗe masa a 2014 a wani shago a Idi-Araba ko can gida kafin ya taho, da layin da tuni ya ɓata ko aka rufe lokacin haɗa layi da NIN, imel kuwa bai taɓa buɗe shi ba tun ranar. Mutum yazo gyaran Ludo ya koma babu Facebook ɗin gaba ɗaya. Ni yanzu ƙa'ida ce a wajena, bana share kukis ko data sai mai waya ya shiga akawun ɗinsa a gabana a wata burauzar na gani da idona. Sannan in yana buga wasan a matsayin baƙo ne, bai ɗaura shi akan akawun ba, makinsa yana iya zama a cikin wayar kaɗai, sharewa ɗaya ya koma matakin farko, akwai wata Hajiya mai abinci a layinmu da ta haura mataki dubu biyu a Candy Crush, ita kam nata yana ɗaure da Facebook shiyasa da ta canza waya komai ya dawo, da ba haka ba ban san da wane ido zan kalle ta ba in naje cin tuwo.

Baƙin allo da kiɗa yana tashi kuma wannan ciwon laftof ɗin tokumbo ne, kuma mu anan kusan duk laftof ɗin da ke hannun mutanenmu tokumbo ce. Wasannin yanzu suna zana hotonsu ta wata hanya da ake kira WebGL, wato burauza tana miƙa aikin zane ga katin hoto na kwamfutar. In direban katin, wato manhajar da ke sarrafa shi, ya tsufa sosai Chrome yana da jerin waɗanda bai yarda dasu ba, sai ya ƙi miƙa musu aikin, sauti ya fito hoto babu. Ka rubuta chrome://gpu a wurin adireshi zaka ga ko WebGL yana aiki ko an kashe shi, sannan a Settings sashen System akwai maɓallin amfani da katin hoto, in a kashe yake ka kunna, in a kunne yake kuma hoton yana yayyagewa ka kashe ka gwada, duka biyun na ga sun yi magani, ya danganta da injin. Babbar matsalar dai Windows 7 ce, har yau ana saka wa mutane ita saboda bata da nauyi, alhali Chrome 109 na farkon 2023 shine na ƙarshe da yake hawa kanta, Firefox kuma ya tsaya a 115. Burauzar tana nan tana buɗewa kamar lafiya, amma duniya ta wuce ta, masu wasa suna rubuta sabbin abubuwa da ita bata san yarensu ba. Wannan ba a gyara shi da share kesh ko sau ɗari, sai dai a ɗaga Windows ɗin in injin zai ɗauka, in ba zai ɗauka ba a haƙura a buga a waya.

Wani kuma da yake bani dariya kullum shine agogo. A cikin kwamfuta akwai ɗan batiri mai kama da kwabo, CR2032, shi yake riƙe lokaci in an kashe ta. Injin da ya shekara goma a ofis a Turai kafin ya iso Apapa batirin nan ya gaji, babban batirin ma ya mutu, da an ɗauke wuta sai agogo ya koma baya. Shafukan intanet kuma kowanne yana da takardar shaidar tsaro mai ranar farawa da ranar ƙarewa, in agogonka ya ce yau wata ranar ce da takardar bata fara aiki ba sai burauza ta ƙi yarda da ita. In bayan da agogon yayi shekaru ne komai zai ƙi buɗewa ka gane da wuri, amma in ƴan makonni ne sai kaga wani shafin ya buɗe wani ya ƙi tunda kowanne da ranarsa, kuma tunda wasan a cikin taga yake gargaɗin ba lallai ya fito fili ba, fanko kawai zaka gani. Gyaran minti ɗaya ne, batirin kuma ko a bakin titi ana samu.

A waya abin yafi karkata ga ram, wato wurin da waya take riƙe manhajojin da ke aiki a lokacin. Ƙananan wayoyin nan masu 1GB ko 2GB, Facebook kaɗai ya cinye rabi, WhatsApp da TikTok suna baya suna jira, sai wasa yazo yana neman wurin shimfiɗa kayansa, Android ta duba taga ba wuri sai ta kashe shi, kai kuma kaga ya kai ƙarshe ya dawo da kai farko ko ya rufe ɗif. Rufe sauran manhajoji yana taimakawa, kashe tanadin batiri ma haka domin yana rage wa waya ƙarfi, ga zafin rana in kana tsaye a bakin kasuwa waya tana zafi tana ƙara rage gudu da kanta. Sannan akwai wani abu a Play Store mai suna Android System WebView wanda manhajoji da yawa suke buɗe shafi da shi a cikinsu, mutane suna kashe sabuntawa don tsoron data, ya shekara biyu ba a taɓa shi ba, in ka samu waifai ka sabunta shi tare da Chrome da Facebook ɗin.

Yanzu fa ba cewa nake netwok ba ya laifi ba, yana yi, sai dai shima ya kamata a san wane irin laifi. Sandunan sabis da kake gani cike a saman waya suna nuna ƙarfin maganarka da eriyar unguwa ne kawai, basu san abinda ke faruwa bayan eriyar ba. Da daddare daga bayan isha'i zuwa sha ɗaya a wuri mai cunkoso irin Agege ko Mile 12 kowa ya dawo gida ya hau waya, eriya ɗaya mutum dubbai, gosulo ne sak irin na Third Mainland da safe. Bidiyo yana jure wannan domin yana tara na gaba kafin ka iso, in hanya ta tsaya daƙiƙa biyar baka ma sani ba. Wasan da ake bugawa da wani mutum kai tsaye ba shi da abin tarawa, dole saƙo yaje ya dawo yanzu yanzu, in ya ɓata a hanya sai a ce ka fita, shiyasa ko da data mutum yake kallon wa'azi lafiya amma a cire shi a tsakiyar Ludo yana gab da cinyewa. Gwajin mai sauƙi ne, ka karɓi hotspot na wani mai layin wani kamfanin daban, in ya buɗe ka san inda matsalar take, ko ka gwada da asuba.

Akwai kuma ranakun da abin yafi ƙarfin kowa. Ranar Alhamis 14 ga Maris 2024, farkon azumi, wayoyin ƙarƙashin teku guda huɗu suka samu matsala a wajen gaɓar Kwaddibuwa, WACS da MainOne da SAT-3 da ACE, intanet ya rikice a ƙasashen yammacin Afirka da dama, har manhajojin banki suka dinga ƙin aiki anan. Abinda na lura dashi a irin wannan lokacin shine manyan kamfanoni irinsu Meta mai Facebook da Google suna ajiye kwafin kayansu a sabobin da ke cikin ƙasa, don haka Facebook da YouTube suna iya rarrafawa, amma sabar wasan da take Turai ko Indiya ko Amurka dole sai an tsallaka teku, ita ce take fara yankewa. Haka ranar Litinin 4 ga Oktoba 2021 da Facebook da WhatsApp da Instagram suka ɗauke kusan awa shida a duk duniya daga yamma har dare, washegari na samu waɗanda suka goge manhajar suka sake saukewa har sau biyu, wani ma ya maida wayarsa sabuwa fil da hannunsa. In abu ya tsaya, kafin ka taɓa wayarka ka tambayi na kusa da kai ko nasa yana yi.

VPN ma, abin nan da ke zagayawa da saƙonka ta wata ƙasa, kar a manta dashi. Lokacin da gwamnati ta rufe Twitter daga Yunin 2021 zuwa Janairun 2022 mutane da yawa sun sauke na kyauta, kuma al'adar ta zauna, har yau ina ganin ɗan makullin nan a saman wayoyin mutane basu san yana kunne ba. Saƙonka yana zuwa Holan ko Kanada kafin ya wuce inda zashi, ta wata cunkusasshiyar saba, Facebook kuma yaga mutumin Agege ya bayyana a wata ƙasa cikin minti ɗaya sai ya fara zargi yana neman ka tabbatar kai ne. Masu amfani da irin manhajojin nan na satar data kyauta su kam nasu yafi muni, ramin da suke bi ɗan ƙarami ne, rubutu yana wucewa amma wasa ba zai wuce ba. Canza DNS, wato mai nemo wa waya adireshin saba, zuwa 8.8.8.8 na Google ko 1.1.1.1 na Cloudflare yana taimakawa in matsalar gano adireshin sabar ce, amma ana zuzuta shi fiye da ƙima, ba ya ƙara gudu a hanyar da ta cunkushe.

Abinda yasa nake damuwa da bin abin daki daki shine kuɗi. Tun da hukumar sadarwa ta NCC ta amince da ƙarin kashi 50 akan kuɗin kira da data a Janairun 2025, duk sake lodi kuɗi ne, kuma duk lokacin da ka share kesh wasan sai ya sake saukowa daga farko, in ka share sau biyar a yini akan ciwon da ba na kesh ba ka biya kuɗin wasan sau biyar. Wani lokacin kuma bayan duk wannan wasa ɗaya ne tak ya ƙi, sauran suna buɗewa lafiya a waya ɗaya da layi ɗaya, a wayar maƙwabcinka ma shi kaɗai ya ƙi, toh wannan daga kamfanin ne, ko suna gyara ko sun saki sabuntawa mai kuskure ko sun tattara sun rufe, ƙananan wasanni suna mutuwa shiru babu sanarwa, hotonsu ya zauna a jerin wasanninka kamar allon shagon da mai shi ya koma gida. Ka leƙa shafin wasan a Facebook, in kaga ƴan Brazil da ƴan Filifin suna zagi a ƙarƙashin saƙon ƙarshe ka ajiye wayarka ka huta.

Shi dai Baba data ta gaba ɗaya ya siya ta ɗari biyar a wajen yaron da ke POS kusa damu, Ludo ta buɗe tun kafin ya karɓi canjinsa, ya zauna akan bencinmu ya buga zagaye biyu aka cinye shi duka, ya ce wannan kuma netwok ne.